Asali, Ciniki da Mallaka: Sharhi a kan Kalmomin Shari'ar Mutum-mutumin Nok

1. Gabatarwa

A cikin shekarar 1943, a wani wurin haƙar kuza kusa da Jama'a, aka tono wani kan mutum na gasasshen yumɓu. Wani ma'aikacin wurin ya ɗauke shi, ya kafa a gonarsa ta doya don tsorata masu ɓarna. Nan ya zauna har labarinsa ya kai ga Bernard Fagg, wani ƙaramin jami'in mulki na lokacin wanda ya yi karatun binciken kufai. Da Fagg ya gwada shi da wani ɗan ƙaramin kai da aka tono tun 1928 kusa da ƙauyen Nok, sai ya ga lalle aikin jama'a ɗaya ne. Ƙauyen nan yana ƙasar Ham, watau mutanen da Hausawa ke kira Jaba, a kudancin Jihar Kaduna, daga sunansa kuma aka raɗa wa dukan irin waɗannan kaya suna. A 1952 aka buɗe gidan tarihi na Jos, inda aka adana na farkonsu.

Abin lura ga mai nazarin harshe shi ne, mai gonar nan bai saɓa wa Hausa ba. Kalmar mutum-mutumi ita ce sunan surar da aka sassaƙa ko aka gina, ita ce kuma sunan tsumman da manomi kan rataya a sanda don korar tsuntsaye. To, amma shekara 55 bayan wannan, watau a 1998, Gwamnatin Faransa ta sayi guda uku na wannan dangi daga hannun wani dillali na Brussels a kan kuɗin Faransa faran miliyan 2 da rabi. Abin da ya yi irin wannan tsada kuwa ba ya rasa masu jayayya a kansa.

Jayayyar tana da tambayoyi uku. Shin abin na ƙwarai ne ko jabu? Shin cinikinsa ya halatta? Shin na wane ne? Nufin wannan takarda shi ne ta duba kalmomin da doka da yarjejeniya da kasuwa su ke amsa tambayoyin nan da su, ta kuma nuna cewa kasuwa ta saba amsa ta fari kaɗai ta bar mai saye ya zaci an amsa duka, ita kuwa dokar Nijeriya ta 1979 ta amsa ta biyu ta yi shiru a kan ta uku.

2. Kalmar asali

Idan Bahaushe ya ce abu na asali ne, yana nufin ba jabu ba ne. Idan kuwa ya tambayi asalin abu, ko asalin mutumin da ya zo neman aure, so ya ke ya ji inda ya fito da hannuwan da ya bi. Kalma ɗaya ce ta ɗauki tambaya biyu, a cikin wannan cakuɗewa kuma dillali ke samun la'adarsa. Domin a rarrabe su, a nan za a kira ta fari sahihanci, ta biyu kuwa salsala. Malaman hadisi sun daɗe da sanin wannan bambanci, gama ba su karɓar magana don daɗin lafazinta sai sun bi isnadinta mutum bayan mutum.

Sahihancin gasasshen yumɓu ana gwada shi da wata dabara da za a iya kira awon hasken zafi. A cikin yumɓu akwai ƙananan ƙwayoyin ma'adini waɗanda ke tara wani ƙarfi a hankali daga tururin da ƙasa ke fitarwa bisa ɗabi'arta. Ran da magini ya gasa yumɓun, wuta ta kan kore dukan abin da ya taru, sai tarin ya soma daga fari. Idan aka huda jikin abin aka ɗebi ɗan gari aka ƙona shi a ɗakin awo, ya kan ba da wani ɗan haske, gwargwadon yawan hasken gwargwadon daɗewarsa tun gashin ƙarshe. Dabara ce mai kyau. Aibinta ɗaya ne, watau garin da aka ɗiba kaɗai ta ke ba da shaida a kansa.

Masu algus ba su jima ba su ka gane haka. Wani ya kan sami tsohon gindi na ƙwarai wanda ba ya da wani kyau, ya gina sabon jiki a kansa, don ya san wuraren da aka saba hudawa. Wani ya kan niƙe tsofaffin tsingaro ya kwaɓa da danƙo ya ƙera fuska. Wani kuma ya kan haɗa kan da aka tono a wannan kufai da gangar jikin da aka tono a wancan. Sai da aka soma sa kayan cikin na'urar asibiti mai leƙa cikin jiki sa'an nan mahaɗan su ka riƙa bayyana. Har wa yau, masu bincike na Jami'ar Goethe ta Frankfurt, ƙarƙashin Peter Breunig, waɗanda su ka soma aiki a ƙasar Nok a 2005 tare da hukumar gidajen tarihi ta Nijeriya, sun tarar da cewa kusan dukan surorin a farfashe a ke samunsu cikin ƙasa. Saboda haka cikakken mutum-mutumin da a ke gani zaune daram cikin littafin gwanjo, ba ko tsaga, cikarsa ita ce abin tuhuma na fari.

To, a ɗauka abin ya ci jarrabawa, an tabbatar ya haura shekara 2,000. Me takardar awon ta shaida? Ta shaida cewa daga ƙasar Nijeriya ya fito, domin ba a san wata ƙasa da a ke tono irinsa ba. Tun 1953 kuwa doka ta hana fitar da irinsa sai da takardar izini. Yawancin waɗanda su ka cika kasuwannin Turai bayan haƙe-haƙen ɓoye na tsakiyar shekarun 1990 su ka bayyana, har Majalisar Gidajen Tarihi ta Duniya ta sa kayan Nok cikin Jan Jerinta na shekarar 2000, watau jerin kayan da ta gargaɗi kowa kada ya saya. Ashe ke nan takardar da dillali ke ɗagawa don ya ƙara kuɗi, ita ce mai ba da shaida a kansa. In abin jabu ne, an zambaci mai saye. In na ƙwarai ne ba shi da salsala, an zambaci ƙasa. Gaba kura, baya sayaki.

Akwai kuma asarar da ba kotun da ke iya mayarwa. An san cewa mutanen Nok sun zauna a wannan yanki tun wajen shekara 1,500 kafin haihuwar Annabi Isa, alaihissalam, sun soma gina surorin nan wajen shekara 900 kafin haihuwarsa, sun noma gero da wake, sun ci zuma, an kuma sami matoyar ƙarfe a Taruga. Ba ɗaya daga cikin waɗannan da aka karanta a fuskar mutum-mutumi. Daga gawayi da ƙonannun ƙwayoyin hatsi da fasassun tukwane da ke kwance tare da shi aka sani, su ne kuwa abin da mai haƙar dare ke watsarwa da shebur.

3. Dokar 1979

Dokokin kayan tarihi na Nijeriya uku ne a jere. Ta 1953 ta hana fitarwa sai da izini. Ta 1974 ta hana saye da sayarwa sai ta hannun wakilin da aka amince da shi. Doka ta 77 ta 1979 ta tattara su, ta kafa Hukumar Gidajen Tarihi da Wuraren Tarihi ta Ƙasa. Ya kamata a yaba wa waɗanda su ka tsara ta. Ta hana haƙa sai da izini, ta wajabta wa wanda ya ci karo da wani abu ya ba da labari cikin kwana 7, ta kuma yanka wa mai cinikin haram tarar naira 2,000, ko ninki 5 na kuɗin abin in ya fi haka, ko ɗaurin shekara 3. A 1979, lokacin da naira ta fi dala daraja, wannan tara ba abin wasa ba ce.

Amma in aka karanta ta da idon mai nahawu, za a ga abu biyu. Na fari shi ne faɗin kalmar da ta ɗora kome a kanta, wadda a kan fassara da kayan tarihi. A ƙarƙashinta dokar ta sa abin da aka tono daga ƙasa, ta kuma sa ko wane aikin hannu na 'yan ƙasa da aka yi kafin 1918, ko ƙofa ce, ko ganga, ko takobi, ko rubutaccen littafi. Ga Bahaushe kuwa waɗannan iri biyu ne. Akwai kayan gado, kamar littafin ajami da malami ya bari a gafaka, wanda magadansa sanannu ne, an san kason kowa. Akwai kuma kayan kufai, waɗanda masu su su ka shuɗe ba a san zuriyarsu ba. Na fari yana da mai shi, abin da a ke bukata kawai shi ne a tsare shi kada ya bar ƙasa. Na biyu ba shi da mai shi sai wanda doka ta naɗa. Da aka zuba su cikin ƙwarya ɗaya, sai aka yi musu magani ɗaya, watau hani.

Abu na biyu daga na farin ya fito. Aikatau na dokar kusan duk na hani ne: kada a haƙa, kada a saya, kada a sayar, kada a fitar. Jimlar da a ke nema, wadda za ta ce duk abin da ke binne cikin ƙasa mallakar ƙasa ne tun ba a tono shi ba, dokar ba ta faɗe ta a fili ba. Marigayi Folarin Shyllon na Jami'ar Ibadan, masanin wannan fanni na shari'a, ya daɗe yana nuna raunin dokar. Mai karatu na iya cewa ai hani da mallaka duk tafiyarsu ɗaya. A cikin gida, wataƙila. Da zarar abin ya ƙetare teku, sai bambancin ya zama shi ne dukan shari'ar.

4. A gaban alƙalan waje

Alƙalin wata ƙasa ba ɗan doka ne na Nijeriya ba. Bisa al'adar kotuna, ba ya zartar da hukuncin horo ko dokar kwastan ta wata gwamnati. Amma in mutum ya zo ya ce kayana ne aka sace, dole ya saurare shi, ko mai ƙarar mutum ne ko ƙasa. Shari'u biyu sun nuna haka. Masar ta yi doka ta 117 a 1983, ta ce duk kayan tarihin da aka samu daga ran nan na ƙasa ne. Da wannan jimla aka ɗaure wani babban dillali na New York, Frederick Schultz, a 2002, kotun ɗaukaka ƙara ta tabbatar a 2003, domin a idon dokar Amurka abin da ya karɓa kayan sata ne. Abin sha'awa cikin wannan shari'a shi ne, salsalar ce aka yi wa jabu: an ƙaga sunan wani tsohon mai tara kaya na Ingila, aka buga 'yan takardun suna aka jiƙa su da shayi don su yi kama da na shekarun 1920. Haka kuma a 2007 kotun ɗaukaka ƙara ta Ingila ta yarda Iran ta nemi kayan kabarin Jiroft daga hannun wani kanti na London, don ta ga dokar Iran ta ba ƙasar mallaka. Duka biyun da kalmar mallaka su ka ci.

Yarjejeniyoyin duniya ba su toshe wannan kafa ba. Ta UNESCO ta 1970, wadda Nijeriya ta shiga a 1972, Faransa kuwa sai 1997, ba ta waiwayar abin da ya faru kafin ƙasa ta shiga. Sashenta mai wajabta mayarwa kuma ya tsaya ne ga abin da aka sace daga gidan tarihi ko makamancinsa, wanda ke rubuce cikin littafin lissafin gidan. Abin da ya fito daga rami jiya da dare, a wane littafi aka rubuta shi? Yarjejeniyar UNIDROIT ta 1995 ta fi kusa da magani, gama ta ɗauki abin da aka tono ba bisa doka ba a matsayin sata, ta kuma ce mai saye ba ya samun diyya sai ya nuna ya yi bincike kafin ya saya. Nijeriya ta shiga a 2005. Amma ita ma ta jingina kalmar sata ga abin da dokar ƙasar da aka yi haƙar ta faɗa, manyan ƙasashen kasuwa kuma, irin su Amurka da Ingila, ba su shiga ba.

Sai kuma maganar mai saye da kyakkyawar niyya. A dokar Faransa, wanda ke riƙe da kayan da a ke iya ɗauka, in da zuciya ɗaya ya same su, riƙon nan shi ne hujjarsa, wanda aka yi wa sata kuwa shekara 3 kaɗai gare shi ya nema. Nijeriya ta ɗanɗana wannan. Ta yi ƙarar wani mai kantin kayan tarihi na Faris a kan waɗansu surorin Nok, kotun ɗaukaka ƙara ta kore ta a 2004, kotun ƙoli ta tabbatar a 2006, bisa hujjar cewa yarjejeniyar 1970 alkawari ne tsakanin gwamnatoci, ba ta hawa kan ɗan kasuwa sai an mai da ita dokar gida.

A nan fiƙihun Malikiyya, wanda alƙalan ƙasar Hausa su ka saba da shi, ya bi wata hanya dabam. A babin istihƙaƙi, in mai abu ya kawo shaidu cewa nasa ne, ya kan karɓi abinsa daga hannun ko wane ne, mai saye kuwa ya koma kan wanda ya sayar masa ya nemi kuɗinsa. Hauzi ma, watau daɗewar riƙo mai kashe ƙara, wanda a kan gida ko gona ya ke shekara 10, yana da sharaɗi: sai mai abin yana nan, yana gani, ya yi shiru ba tare da wani uzuri ba. Wanda bai san an tono abinsa ba, balle ya san birnin da aka kai shi, ba a ce ya yi shiru. Game da niyya kuwa, kowa ya sayi rariya ya san za ta zubar da ruwa. Mutumin da sana'arsa ke nan, ya sayi kan Nok ba takardar izinin fita, kyakkyawar niyyarsa tana bukatar shaidu.

Ba dukan alƙalan Turai ne su ka tsaya ga zahirin lafazi ba. A 1972 babbar kotun tarayya ta Jamus ta duba ƙarar inshora a kan waɗansu surori da aka ɗauko a jirgin ruwa daga Fatakwal zuwa Hamburg ba da izinin Nijeriya ba, waɗansunsu su ka ɓace a hanya. Kotun ta ce inshorar ɓatacciya ce, domin cinikin ya saɓa wa mutuncin kasuwanci tsakanin ƙasashe, alhali kuwa a lokacin Jamus ba ta ko shiga yarjejeniyar 1970 ba. Hukunci ne mai daraja. Amma ya hana ɗan kasuwa kuɗin inshora ne kawai, bai ce kayan na wane ne ba.

5. Aro, rance da ajiya

Yanzu a koma ga guda ukun nan na 1998, biyu na Nok, ɗaya na irin da a ke kira na Sakkwato. An saye su ne don sabon gidan tarihin da Shugaba Jacques Chirac ya ƙudura ginawa, wanda aka buɗe a 2006 da sunan Quai Branly. Da fari hukumar gidajen tarihi ta Nijeriya ta ƙi amincewa da cinikin. Sai maganar ta koma tsakanin Chirac da Shugaba Olusegun Obasanjo, aka sami amincewar gwamnati, aka baje biyu daga cikinsu a gidan Louvre cikin watan Afrilu na 2000. Masana su ka yi ca, har Colin Renfrew na Jami'ar Cambridge ya soki Chirac a bainar jama'a. A 2002 aka sake shiri: Faransa ta yarda kayan na Nijeriya ne, Nijeriya kuma ta yarda su zauna a Faris shekara 25, ana iya sabuntawa. Da wannan lissafi, wa'adin fari a 2027 ya ke cika.

An yi ta kiran wannan shiri aro. Turanci kalma ɗaya gare shi a wurin da Hausa ke da biyu, gama Bahaushe ya raba aro da rance: abin aro shi kansa a ke mayarwa, kamar fartanya, abin rance kuwa madadinsa a ke biya, kamar hatsi ko kuɗi. Ta wannan fuska kalmar ta dace, tun da ba mai cewa a biya Nijeriya da wani kan dabam. Amma aro yana da tsari. Abin yana hannun mai shi, mai bukata ya zo ya roƙa, a ba shi, in an gama ya kawo. A nan kuwa abin ya riga ya isa hannun mai aro ta hanyar da dokar mai shi ta hana, sa'an nan aka nemi yarda. Ba ajiya ba ce kuma, don mai ajiya ba ya morar abin, kuma ran da mai shi ya ce a kawo, dole a kawo. Abin da aka yi ya fi kama da sulhun da dattawa kan yi in an kama kaya a hannun babban mutum: a ce na wane ne, don a wanke shari'a, a kuma bar shi inda ya ke, don a tsare girma.

Ba a ce sulhun bai da amfani ba. Kalmar mallaka, wadda Nijeriya ta kasa samu a kotun Faris, ta same ta a rubuce daga Gwamnatin Faransa, wannan kuwa hujja ce ga gobe. Masu kare shirin kuma suna da tasu magana, cewa a Faris kayan suna tsare, duniya na ganinsu, alhali an yi sace-sace a gidajen tarihi na Jos da Ife a shekarun 1980 da 1990. Gaskiya ne, in ɓera da sata, daddawa ma da wari. Amma dillalin ya riga ya karɓi kuɗinsa, ba wanda ya ce ya mayar. Darasin da mai haƙa da mai fatauci su ka ɗauka shi ne, in abin ya yi kyau ƙwarai, ƙarshensa a sami hanyar halatta shi.

6. Tsintuwa da rikazi

Saura mutumin da ke bakin ramin. Mutanen Nok ba a san harshensu ba, ba kuma mai iya cewa su kakannin wata ƙabila ce ta yau. Kayan Binin suna da magaji sananne, har a 2023 Gwamnatin Tarayya ta ba da sanarwa cewa waɗanda aka dawo da su na Oba ne. Na Nok ba su da irin wannan. Amma Hausa tana cikin maganar ta hanya biyu. Ita ce harshen kasuwa a yankin da a ke haƙar, fataken Hausawa kuma sun daɗe cikin cinikin kayan sassaƙa a Afirka ta Yamma, kamar yadda Christopher Steiner ya nuna cikin littafinsa na 1994 a kan kasuwar Abidjan. Ban da haka, surorin da a ke kira na Katsina da na Sakkwato daga ƙasar Hausa kanta su ka fito, kusan duk abin da aka sani game da su kuma ta hanyar kasuwa aka san shi.

To, da wace kalma manomi zai auna abin da garmarsa ta tono? In ya ce tsintuwa ce, ya san hukuncinta: a yi cigiya shekara guda. Amma wa za a yi wa cigiyar abin da mai shi ya mutu shekara 2,000 da su ka wuce? In ya tambayi malami, zai ji labarin rikazi, watau dukiyar da mutanen jahiliyya su ka binne: humusi na baitulmali, saura na mai ƙasar, ko na wanda ya samu in ƙasar ba ta da mai ita. In kuwa ya ce gunki ne, to, ya san shari'a ta hana cin kuɗin gumaka, amma kalmar ta kuma gaya masa cewa abin ba shi da wata alfarma da za a tsare. Ko wace ya ɗauka cikin ukun, ba wadda ta ce masa ya bar abin inda ya ke ya kira hukuma cikin kwana 7. Dokar da ta faɗi haka da Turanci aka rubuta ta, dillali kuwa da Hausa ya ke magana, da kuɗi a hannu.

Duk da haka akwai abin ginawa a kai. Hukuncin rikazi ya riga ya koya wa jama'a cewa abin da ke binne akwai haƙƙin al'umma a cikinsa, akwai kuma rabon wanda ya samu. Dokar filaye ta 1978 ta riga ta sa ƙasar ko wace jiha a hannun gwamna a matsayin amana domin jama'a. Kalmar amana kuwa ba Bahaushen da ke bukatar a fassara masa ita. Dokar da ta ce kayan kufai amana ne na ƙasa, ta kuma yanka wa wanda ya kawo labari tukwici mai tsoka, za ta yi magana da alƙalin London da manomin Kwoi a lokaci guda.

7. Kammalawa

Abin da wannan sharhi ya tarar ana iya taƙaita shi cikin uku. Takardar awo shaidar shekaru ce, bai kamata kotu ko gidan tarihi ko mai saye su karɓe ta a madadin salsala ba, kuma ga kayan Nok salsala ba ta cika sai da takardar izinin fita. Dokar 1979 ta yi hani ba ta yi da'awa ba, gyaranta na fari jimla ɗaya ce mai raba kayan gado da kayan kufai, ta bar na fari ga magada, ta ba ƙasa na biyu tun suna binne. Shirin 2002 kuma a kira shi da sunansa, watau sulhu, domin ran da aka zo sabunta shi a san cewa mai abu ne ke da ikon cewa i ko a'a.

Akwai aikin da ya rage wa sassan nazarin Hausa a nan. Kalmomin da aka yi amfani da su cikin wannan takarda, irin su sahihanci da salsala da kayan kufai, shawara ce kawai, masana shari'a da malaman fiƙihu da ma'aikatan gidajen tarihi su ne za su tace su. Amma sai an zauna an daidaita su, an fassara dokar, an karanta ta a rediyo da fadar dagatai, sa'an nan za a iya cewa mutumin da ya tono kan yumɓu a gonarsa ya san abin da doka ke nema gare shi.